Dogo, Na Ɗauka Shiri Ne

Ranar Talata, sha ɗaya ga watan Maris, wajen ƙarfe tara na safe, Allah Ya karɓi ran abokina kuma maigidana a sana'a, daraktan fim ɗin nan da kowa ya sani da Dogo, bayan jinyar kwana biyu. Na Allah muke, kuma wurinsa za mu koma. Ya bar mata ɗaya, 'ya'ya uku, da fim guda ɗaya tak da ya kammala a rayuwarsa. Ni ne mai ɗaukar masa sauti shekara goma sha tara, shi ya raɗa mini suna Kunne, kuma ni ne mutum na ƙarshe a cikin abokansa da ya yarda cewa ya mutu.

Dogo, yau da kai zan yi magana, don mutane sun ishe ni da kallo. Wasu sun san abin da na yi, wasu sun ji rabinsa sun ƙarasa da nasu. Gara in faɗa da bakina. Amma ba za a gane laifina ba sai an san irin aikinka.

Fim ɗinka, Makokin Gwaji, labarin wani mai gyaran agogo ne da ya shekara bakwai yana son wata mai shagon magani, ita kuwa ba ta ce tana so ba, ba ta ce ba ta so ba. Sai ya haɗa baki da abokinsa aka shelanta ya mutu, shi kuma ya haye cikin silin falonsa ya kwanta, yana leƙe ta wata 'yar huda, don ya ga ko za ta yi masa kuka. Tun ranar farko ta gano shi, saboda ta ga takalmansa a ƙasan tsani. Maimakon ta tona, sai ta zauna daidai ƙarƙashin hudar tana raba agogunansa ga masu zuwa gaisuwa, tana yaba kyan abokin nasa da murya mai ƙarfi. Mutane sun yi dariya har da hawaye a wannan wurin. Daga nan zafin silin ya fara cin mutumin, ya soma buga katako yana neman agaji da gaske, ita kuma tana ƙasa tana murmushi, a tunaninta wani sabon salo ne. A kwana na uku ta ɗauki ruwa ta hau tsanin, ta ɗaga murfin, sai fim ya ƙare a kan fuskarta. Ba ka taɓa gaya wa kowa ko ta same shi da rai ba, har ni.

Ba mu da kamfani a bayanmu. Kyamara ɗaya ce, ta aro, gidan kuma na wani ɗan'uwanka ne da ya yi tafiya. Jarumin malamin koyar da tuƙi ne, ka ɗauke shi saboda yadda yake dafe ƙirji idan ɗalibi ya taka birki. Jarumar kuwa da gaske a shagon magani ka same ta, ka je sayen maganin tari ka dawo kana cewa ka ga matar da za ta iya yi wa gawa tsiya. Kafin ka bar jarumin ya shiga silin, kai ka fara hawa da tsakar rana ka kwanta awa biyu, ka sauko jiƙe sharkaf, ka ce ba wanda zai wuce minti ashirin a ciki. Da mahaifiyarsa ta kwanta ciwo ana tsakiyar aiki, ka tsayar da komai kwana tara, kai kake kai shi asibiti a motarka. Abinci kuma ba ka taɓa sa hannu ba sai mai riƙe fitila ya ci.

Alherin da ka yi mini ban taɓa faɗa wa kowa ba. Shekara shida ke nan kunnena na hagu ya fara mutuwa. Mai ɗaukar sauti da kunne ɗaya, wa zai kira shi aiki? Ban gaya maka ba, amma ka lura ina karkata kai.  Daga ranar ka daina tsayawa a haguna, kuma duk wanda zai yi mini magana a wurin aiki sai ka san dabarar da ka juyo da shi ta dama. Bayan wata biyu ka ce in raka ka ganin likita, wai idonka na ciwo. Da muka isa na tarar likitan kunne ne, kuma sunana ne a katin.

To, ka ga matsalar. Ko alherinka da dabara yake zuwa. Kai ba ka yarda da fuskar da aka shirya ba, ka ce mutum ba ya nuna ainihinsa sai bai san ana kallonsa ba. Ranar da za a ɗauki wurin da mai shagon magani ke jin labarin mutuwar, sau goma sha ɗaya jarumar ta yi, ba ka gamsu ba. Washegari ka kira ta ofis, ka sunkuyar da kai, ka ce duk aikin sati uku ya goge daga na'ura, babu abin da ya rage. Kyamara na bayan labule. Makirfo kuwa ni na liƙa shi a ƙarƙashin tebur da hannuna. Wannan fuskar da 'yan kallo ke yabo, wadda ta daskare sannan leɓen ya soma rawa, fuskar wannan ranar ce. Kwana biyu ba ta gaishe ka ba. Haka ka yi wa jarumin, haka ka yi wa mai kwalliya, kuma kowane karo ina nan a gefe da na'urata, ina danne dariya.

Da fim ya fito, kwana tara ya yi a sinima aka sauke shi. Wasu sun fice tun kafin a kai rabi, suna cewa mun mai da mutuwa abin wasa. Wani ya rubuta a jarida cewa wanda ya shirya shi bai taɓa rasa kowa ba, alhali a shekarar ka binne mahaifinka. Ka yanke rubutun ka manna a bangon ɗakin da muke tace fim, saitin wannan tsohuwar fankar mai ƙas-ƙas da ka ƙi gyarawa. Daga baya ne fim ɗin ya bi wayoyin mutane, har masu shayi suka riƙa musu a kan ko mai agogo ya rayu. Matan aure suka riƙa tsokanar mazajensu da cewa in sun isa su hau silin. Ka ji daɗin wannan fiye da duk wani yabo.

Wata uku kafin rasuwarka, muna zaune a ɗakin nan, ka ce a fim na biyu kana son muryar mutum a waya daidai lokacin da aka ce masa amininsa na bakin mutuwa. Ka ce ba a iya kwaikwayon wannan muryar. Sannan ka dube ni, ka yi wannan murmushin naka na gefen baki. Na ce a raina, wato layi ya zo kaina. Tun daga ranar nake jiran tarkonka. Duk kiran da ya shigo daga gidanka sai na kasa kunne kafin in yi magana.

Ranar Litinin da hantsi Malama, maiɗakinka, ta kira ni. Ta ce, "Yaya Kunne, muna asibiti tun jiya. Jikin ya yi tsanani, kai yake ta kira. Don Allah ka zo yanzu."

Ban saurari maganarta ba, abin da ke bayanta na saurara, kamar yadda na saba. Ba hayaniyar asibiti, ba ƙarar keken marasa lafiya, ba takun ma'aikata. Sai fanka, ƙas, ƙas, ƙas, irin bugun fankar ɗakinmu sak. Can kuma na ji ka yi wani ɗan tari a shaƙe, na ce wannan dariya ce ake dannewa. Sai na fashe da dariya. Na ce, "Malama, wallahi kin iya! Wa ya koya miki? Ki ce masa ya kashe fankar nan tukuna, ta tona masa asiri." Sai ta kashe wayar. Da la'asar ƙaninka ya kira sau uku, na ƙi ɗauka, ina jin daɗi wai yau na kayar da Dogo.

Da safiyar Talata jarumar ta kira ni tana kuka, ta ce ka rasu. Ita ma ban yarda da ita ba, na san abin da za ta iya. Na dai sa riga na tafi gidanka don in ga iyakar shirin. Ina jin kunyar rubuta wannan, amma ko da na ga jama'a cike da ƙofar gida, idona na kan tagogin sama yana neman kyamara. Ina gaisawa da mutane ina duban wuyan rigunansu ko zan ga wayar makirfo. Sai da ƙaninka ya kama hannuna, ya kai ni ɗakin da kake, ya buɗe mini fuskarka. Na tsaya ina jiran ƙirjinka ya motsa. Na daɗe ina jira.

Bayan an binne ka zargin bai bar ni ba, sai dai ya juya. Abin da ke cina ɗaya ne: ka mutu kana ganin na ƙi zuwa? Malama ta gaya maka na yi dariya? Na tambayi ƙaninka, ya ce ba ka ambace ni ba bayan wayar, amma ya faɗa yana kallon bango, ban yarda ba. Na je asibitin na nemi nas ɗin da ta kula da kai, ta ce marasa lafiya da yawa suna kiran sunaye, ba ta riƙe ba, ita ma na ga kamar an ja mata kunne. Na roƙe ta ta nuna mini ɗakin. Ɗan ƙarami ne a can ƙarshen baranda, nesa da kowa, shi ya sa babu hayaniya. Na kunna fankar. Fiffikenta ɗaya a lanƙwashe yake, kamar na tamu. Na zauna a bakin gadon na saurare ta har nas ɗin ta dawo ta ce ana bukatar ɗakin.

Malama kuwa tun ranar ba ta dube ni ba. In na yi gaisuwa sai ta amsa wa na kusa da ni. Sai a kwana na tara ta aiko ƙaninka ya kira ni. Na same ta a falo, shi yana zaune a bakin ƙofa. Ba ta yi doguwar gaisuwa ba. Ta ɗora hannu a gwiwa, ta kalli gabanta, ta ce, "Ya ce in gaya maka, shi ma da ya ji fankar ya san ba za ka zo ba. Ya ce ba kai ka ƙi shi ba, shi ya koya maka rashin yarda. Ya ce ka yafe masa."

Dogo, shekara goma sha tara ina sauraron mutane suna faɗin abin da aka rubuta musu. Na san numfashin mai magana daga zuci, na san na mai karanto hadda. Wannan hadda ce. Zuciyata ta ce sun zauna ita da ƙaninka sun tsara don su sauke mini nauyi. Kuma bakin nan nawa da bai yi hankali ba ya sake buɗewa. Na ce, "Malama, ki gafarce ni, amma wannan haddacewa kika yi."

Sai a lokacin ta dube ni. Ta ce, "Ƙwarai kuwa. Sau huɗu ya sa ni na maimaita masa, yana numfashi da ƙyar. Ya ce kada in ƙara ko kalma ɗaya, kada in yi kuka, don in na yi kuka za ka ce shiri ne. Ya hana kowa gaya maka kafin ni." Ta gyara mayafinta. "Kwana tara na riƙe, don ban so ka samu sauƙi da wuri ba. Shi ya nemi yafiyarka. Ni kuwa, Yaya Kunne, dariyar nan tana kunnena har yanzu, ban gama da ita ba. Saƙo ne dai, na isar."

A nan na yi kukan da ban yi ba a makabarta.

Na yafe maka, Dogo, duniya da lahira, ko da yake ni ne mai neman yafiya. Kana fama da numfashinka, amma tunaninka yana kan yadda za a yi in yarda. Ya Allah, ga bawanka ya zo gare Ka. Ka gafarta masa wasansa da gaskensa, Ka yalwata masa kabarinsa, Ka sanyaya masa makwanci, Ka saka masa da alherin da ya yi a ɓoye wanda mu ma ba mu sani ba. Ina miƙa ta'aziyyata ga 'ya'yansa uku, da ƙaninsa, da dukkan waɗanda suka yi aiki a ƙarƙashinsa. Allah Ya ba mu haƙuri, Ya raya abin da ya bari, Ya sa mu cika da imani in tamu ta zo.

Malama, ke kuma ba zan ce ki yi sauri ba. Kin kira ni a ranar da kika fi bukatar ɗan'uwa, na yi miki dariya. Allah Ya ba ki ladan jinya da na haƙuri. Duk ranar da kika sake kirana, ko da rana ta take ne, ko a ina nake, zan taso kafin ki gama magana.