Yafiyar da Aka Yi wa Jinin Yaya Auwalu

A watan nan yayana Auwalu ya cika shekara tara da rasuwa. Baduku ne, yana ɗinkin takalma da jakunkuna a wata 'yar rumfa a Jakara. Mutum ne mai barkwanci, mai saurin fushi kuma, ba ya iya ganin ana cutar wani ya wuce. Wata safiya ya fito daga gidanmu na Dukawuya a kan babur zai je sayen fata, tifa ɗauke da yashi ta ƙwace wa direba ta bi ta kansa. Daga baya muka ji cewa birkinta ya daɗe da lalacewa, direban ya sha faɗa wa mai ita, shi kuma kullum sai ya ce a lallaɓa.

Ya bar matarsa Zulai da yara uku. Babbarsu, Hafsa, ko firamare ba ta gama ba.

Ranar sadakar uku sai ga Alhaji mai motar da wasu dattawa, da buhunan shinkafa da ɗan abin gaisuwa. Iyayenmu sun rasu, don haka Baffa, ƙanin mahaifinmu, shi ya karɓe su a soro. Ni ina cikin gida wajen mata, Zulai kuma tana ɗaki tana takaba. Babu wanda ya leƙo ya tambaye ta. Sai da suka tafi Baffa ya shigo ya ce an yi sulhu, ya ce musu mun yafe, har ya sa hannu.

Zulai ta ɗago labule. Tun ranar rasuwar ban ji muryarta ba sai lokacin.

"Baffa, su wa suka yafe?"

"Mu, dangi. Ƙaddara ce, 'yar nan. Kuɗi ba za su dawo da shi ba."

"Na sani. Amma ni ban yafe ba, yaran nan kuma ba su san ma me ake cewa yafiya ba."

Da ta fita takaba na raka ta kotu. Abin da muka sha a unguwa Allah kaɗai ya sani. Aka ce ba mu da tawakkali, aka ce muna son cin kuɗin jini, aka ce mun kunyata dattijo a idon duniya. Wasu matan suka daina gaishe mu a gidan biki. A kotu kuwa lauyan Alhaji magana ɗaya ya riƙe: an riga an yi sulhu, an karɓa, magana ta mutu. Aka yi ta ɗage zama. Zulai tana soya awara a ƙofar gida, da ribar muke shiga adaidaita mu je, a ce mu dawo wani watan.

Na ga rauninta sau ɗaya. Mun fito daga kotu da rana tsaka, ta zauna a bakin kwata ta ce, "Binta, ko dai mu haƙura?" Na ce in ta haƙura ba zan zarge ta ba. Sai ta miƙe ta kaɗe zaninta. Ba ta sake faɗin haka ba.

A ƙarshe alƙali ya ce Baffa ba magaji ba ne, ba shi da abin yafewa, kuma haƙƙin maraya ba wanda ya isa ya kyautar da shi. Aka ce Alhaji ya biya diyya, a cire abin da suka kawo ranar gaisuwa daga ciki. Ya biya, kaɗan-kaɗan, da jan rai. Baffa har ya koma ga Allah bai sake taka gidanmu ba. Wannan yana min ciwo, domin na san ba don mugunta ya yi ba, kunyar manya ce ta kama shi. Amma ko yau aka maimaita, zan sake raka Zulai kotu.

Nakan tambayi kaina me Yaya zai ce da ya ga Kanon yau. Gadoji sun yi yawa, tituna sun yi faɗi, amma tifofin nan suna nan da lalataccen birkinsu. In an yi haɗari yanzu, kafin a ɗaga mutum an ɗaga waya ana ɗaukar hotonsa. Na san da Yaya yana nan, da sai ya ƙwace wayar wani. Kuma har gobe ana zuwa da shinkafa tun hawaye bai bushe ba, a nemi kalmar "mun yafe" daga bakin wanda ba zai ciyar da marayun ba. Ba na ƙin yafiya. Mai haƙƙi in ya yafe, ladansa na wajen Allah. Abin da na ƙi shi ne a yi yafiya a madadin mutum yana zaune.

Rumfar Yaya yanzu mai gyaran waya ne a ciki, takalman da ya ɗinka duk sun tsinke. Abin da ya saura nasa yana jikin 'ya'yansa. Hafsa tana karatun jinya. Kwanaki a wani suna a Soron Ɗinki wata mata ta nuna ta, ta ce ai wannan da jinin ubanta aka yi mata makaranta. Na yunƙura zan yi magana, Hafsa ta dafa min gwiwa.

"Gaskiya ne, Hajiya," ta ce. "Da ransa ya ciyar da ni, bayan ransa ma shi ya ciyar da ni. Ki sa shi a addu'a."

Allah ya jiƙanka, Yaya.