Furofesan Bakin Tasha

Idan ka sauka tashar Bakori ka ce Malam Sada kake nema, babu wanda zai gane. Ce Furofesa, yanzu a nuna maka shi kan bencin mai shayi, ƙafa ɗaya kan ɗaya, da tabarau wanda babu likitan da ya rubuta masa.

Karatunsa a aji uku na sakandare ya tsaya. Daga nan ya yi kwandasta tsakanin Funtuwa da Malumfashi, ya gaji, ya faɗa Abuja, ya shekara goma sha ɗaya yana gadi a wani gidan kwanan ɗalibai. Waɗansu sun dawo da jari, waɗansu da sana'a. Shi abin da ya kwaso a bakin ƙofar nan Turancin 'yan gayu ne, irin wanda ko malamin makaranta ba ya sani. Da mahaifinsa ya rasu ya dawo ya gaji gonar masara, ya dube ta sau ɗaya ya ce bayansa na ciwo. Ɗansa Awaisu ya ɗauki fartanya tun yana shekara goma sha biyar, yau shekara takwas ke nan shi ke ciyar da gidan. Ba don Awaisu ba, da Furofesa Turanci zai riƙa tuƙawa ya ci da miyar kuka.

To, me yake yi a bakin tasha? Fassara, wai. Iyaye su faki ido su ɗauko wayoyin 'ya'yansu, su kawo masa kalmomin da suka fi ƙarfinsu. Sai ya gyara zama, ya yi gyaran murya. "Kurosh" wadda ake so a ɓoye. "Hai" mutum ya bugu. "Fek" jabu. Kuma ba ya taɓa faɗa bai ƙara gishiri ba. A kan "hai" ɗaya aka ƙwace babur ɗin ɗan Adama mai ƙosai, a kan "kurosh" aka fasa wayar wata yarinya Najiba a turmi. Shi ko a jikinsa, in dai za a ce Furofesa ya sani. Abin taƙamarsa guda ne, tun da ya dawo bai taɓa ce wa kowa "ban sani ba" ba. Kalmar da ya fi jin daɗin bayaninta ita ce "gostin": mutum ya ɓace maka ba sallama, ka kira wayarsa tana shiga, yana kallo ya ƙi ɗauka. Har kwaikwayo yake yi, ana dariya.

Ranar wata kasuwa, kaka ta yi, motoci na wucewa da buhunan masara, Alhaji Maitama ya zo da wayar ɗansa Mansur.

"Malam Sada, wani abokin yaron nan ya aiko masa saƙo. Hausar na gane, kalma uku suka tsaya mini."

"Karanto, Alhaji, a kanka aka fara?"

Alhaji ya karanta da ƙarfi, a gaban mutum goma: "Kar ka ƙara gaya mini sirrinka, fofsi ɗina sinich ne, saboda shi kowa guduna yake. Na gaji. Ana gama girbi zan yi gostin ɗinsa."

Furofesa ya yi murmushi, ya miƙa hannu ya karɓi wayar. Ai waɗannan ko barci yake ya san su. Fofsi uba, sinich munafuki mai kai tsegumi. Har ya buɗe baki, sai idonsa ya kai kan lambar da ke sama. Lambar nan ta Awaisu ce, ya haddace ta, ita yake kira kullum in taki ya ƙare ko cefane ya gagara.

Jama'a suka zuba masa ido. Ya cire tabarau, ya goge, ya mayar. Tsoro ne ya kama shi, tsoro na gaske, don jiya aka gama casar masararsu.

"Wannan ban sani ba," in ji shi.

Mai shayi ya tsaya da ludayi a hannu. Alhaji ya ce, "Kai ko? Ta ƙarshen ma na ji kamar ka taɓa yi mana bayaninta."

Ya miƙa wa Alhaji wayar, ya nufi gida. Mutumin da bayansa ke ciwo shekara takwas, sai ga shi yana sassarfa kamar wanda kare ya biyo. Ya iske matarsa Uwa tana sheƙa a tsakar gida.

"Ina yaron nan?"

"Tun da safe ya bi mota zuwa Funtuwa. Ya jera maka buhunanka a zaure, ko ɗaya bai taɓa ba. Jakarsa kawai ya ɗauka."

Sada ya zauna kan buhu, ya ciro waya ya kira. Ta shiga, ta yi ta ƙara har ta katse. Ya sake kira.

Uwa ta ce, "Malam, ko babu sabis ne?"

"Akwai," in ji shi. "Tana shiga."