La'asar Ɗin da Na Bari a Zariya

Daga garin Ƙaura zuwa Gusau

Ranar Talata, ina idar da sallar asuba na kulle gida na miƙa wa maƙwabcina makulli, don tun rasuwar mai ɗakina ni kaɗai ne a ciki. Wani direban babbar mota ne ya kawo mini saƙo da baki: Malam Ɗalha na birnin Zariya yana kwance, in ina son ganinsa kada in yi nawa.

Tare da Malam Ɗalha muka shiga Zauren Inuwa muna samari. Wasu malamai ne a cikin ganuwa da ba sa bayyana kansu, aikinsu nazarin lokaci: awon inuwa, tafiyar taurari, da wani abu da ba a faɗa wa bare. Yanzu da zauren ya kusa ƙarewa ban ga laifin faɗa ba. Na bar su da na samu aikin reluwe, na kuma bar su da baƙar magana, na ce agogon tasha ya fi su amfani. Abin da ya tashe ni ke nan, in nemi gafararsa baki da baki.

Na samu gaban a-kori-kura. Muka isa Gusau hantsi bai yi ba, na karya da koko da ƙosai a tsaye.

Gusau zuwa Funtuwa

Fijon da na shiga ta daɗe ba ta cika ba.

"Direba, saura mutum nawa?"

"Ɗaya, Baba."

"Tun ɗazu ɗaya kake cewa."

"Ai shi ɗin ne bai zo ba."

Bayan Tsafe sojoji suka tsayar da mu, suka sa aka sauke kayan but kaf. Ɗayansu ya leƙa jakata, ya ga riga da carbi, ya ce in koma mota. A Funtuwa na canza mota na shiga bas, na sha fura a bakin tasha. Giwa, Shika, Samaru, duk muka wuce su. Ina ta shirya abin da zan ce, ina rushewa.

Birnin Zariya

Tasi ta sauke ni a Ƙofar Doka, na ƙarasa da ƙafa. Lungunan suna nan yadda na san su, amma ba wanda ya gane ni. Na isa ana kiran azahar.

Mutum biyu na tarar a zauren, su ne suka rage: Malam Bawa, da Malam Iro wanda ya makance. Da muryata ya gane ni.

"Audu na reluwe! Agogon tashar ya tsaya ne?"

"Ya tsaya, Malam. Yaya mai jiki?"

"Ba zai kai isha ba, ga alama. Yi alwala, Allah ne ya kawo ka."

Bayan mun sallame Malam Bawa ya yi mini bayani. Hajara, 'yar Malam Ɗalha ɗaya tilo, yanzun nan ta iso daga Fatakwal inda take aure, rabonta da shi tun tana amarya. Numfashin da ya rage masa ba zai ishe su ko gaisawa ba. Suna son yi masa juye.

Juye shi ne abin da ba a faɗa wa bare. Ajali ba ya gaba, ba ya baya, zauren bai taɓa da'awar taɓa shi ba. Sai dai mutum uku suna iya zama su ba ɗaki baya, su juye wa na ciki yammacinsu, kamar yadda ake juye ruwa daga tulu zuwa randa. Na ciki zai ga yinin ya yi faɗi. Su ukun kuwa ba za su san ya wuce ba. Da biyu ba ya yiwuwa.

Na ce, "Malam, bari in shiga in ce masa kalma ɗaya tukuna."

Malam Iro ya ce, "Inuwa ta fara karkata, Audu. In ta wuce tafin ƙafa shi ke nan. Ko ka shiga, ko ka zauna."

Ga labulen ɗakin, ina jin tarinsa. Ina kuma jin kukan Hajara, ƙasa-ƙasa. Na cire takalmi na zauna a tsakaninsu, na fuskanci bango, muka fara abin da aka koya mana. Ashe ban manta ba.

Na rufe ido rana tana dukan ƙeyata. Na buɗe ana kiran magariba. Ƙafafuna ko tsami ba su yi ba. A cikin gida mata sun fara salati.

Da safe muka kai shi. A gidan Malam Bawa na kwana, ya ba ni tuwon dawa da miyar kuka, ban iya ci sosai ba. Da zan tafi Hajara ta same ni a soro ta durƙusa.

"Baba, mun yi hira kamar ta kwana uku. Har kunu ya sha, har dariya ya yi mini. Can ya tambaya wa ya zama na uku, na ce kai ne."

"Me ya ce?"

"Ya ce, 'To, ya zo.' Sai ya ci gaba da ba ni labarin Inna."

Komawa gida

Ta hanyar da na zo na koma, sai dai a Gusau na jira mota har rana ta yi sanyi. Na karɓi makullina, na share tsakar gida, na kunna fitila. Na gode wa Malam Bawa da ya saukar da ni, da Malam Iro da ya sa na zauna ban shiga ba, ko da yake a lokacin na ji haushinsa. Allah ya jiƙan Malam Ɗalha, ya yafe mana baki ɗaya.

Sai da na shimfiɗa buzu na tuna ban yi la'asar ɗin Talata ba. Na tashi na rama ta, ni kaɗai, sannan na rufe ƙofa.