Maƙwabcina Mai Gudu da Baya

Shekara guda bayan juyin juya halin Masar, wani Ba'amurke mai koyon Larabci ya kama haya a gidanmu da ke unguwar Faisal. Kullum da safe ina ganinsa a saman bene yana gudu da baya. Rannan na kasa haƙuri, na tambaye shi.

Ya ce, "Tsohuwar sana'ata ce, ya akhi, ɗan'uwana, ƙwallon Amurka da ake jefawa da hannu. Aikina tsare mai cafe ƙwallon, ina ja da baya ina fuskantarsa. Ciwon gwiwa ya raba ni da wasan."

"Ƙwallon kake kallo?"

"A'a, ƙugun mai cafewar. Zai yaudare ka da ido, amma inda ƙugunsa ya juya, can zai nufa."

Na gwada. Taku huɗu na faɗa cikin shanyar maƙwabta. Ya ɗaga ni yana dariya, ya ce, "Ma'alish, ba komai, lanƙwasa gwiwarka ka sake."