Ranar da na je duban wata Scotland

Ina tsaye cikin ƙanƙara a wani tsauni a Scotland, Turawa sai ihu suke suna nuna sama, ni kuwa ina ta neman jinjirin wata.

Shekarun casa'in ne, ƙarshen azumi, ban daɗe da zuwa London ba. Abokin aikina a kicin ya ce za su arewa kallon sama da dare, har da guide, wato ɗan jagora. Na ce ikon Allah, ashe Turawa ma suna duban wata! Na yi booking, na ce wa 'yan gidanmu a unguwar Catford su jira wayata.

Sai sama ta yi kore shar, tana kaɗawa kamar labule. Na kama salati.

Na taɓo guide ɗin. "Oga, ina watan?"

Ya ce, "Wane wata? Wannan hasken muka zo gani."

Na nemi akwatin waya na kira dattijon gidanmu. "Baba, ban ga wata ba, amma sama ta zama koriya."

Ya ce, "Kai yaro, tun magariba masallaci ya sanar gobe Sallah. Kana ina?"

A coach, bas ɗin komawa London, na yi Sallata, da biskit.

Har yau ban gane abin da na gani ba, Mai sama ya sani. Wa ya taɓa wauta irin tawa?