Ganiyu da Bajamushe Mai Hoton Motsi

A Funtua aka haifi Ganiyu. Ubansa mutumin Ogbomosho ne, ɗinki ya kawo shi. Ganiyu ya ƙi keken ɗinki, ya kama ɗaukar hoto, kuma ya yi shekaru yana koya wa mutanen garin abu guda: in an nuna maka kyamara, ka sa babbar rigarka, ka ƙame, ko ƙuda ya sauka a hancinka kar ka motsa. Sun koya kuwa.

A kakar 1964 wani Bajamushe ya zo ɗaukar cinikin auduga don talabijin ɗin ƙasarsu. Tun yana saurayi yake wannan aiki, ya ɗauki rusassun garuruwansu bayan yaƙi, ya ɗauki 'yan wasa. Ya riƙi Ganiyu tafinta, Ganiyu kuwa ya bi gari yana cika baki cewa shi zai kai Funtua Jamus.

Ranar kasuwar auduga, Bajamushe na kafa kyamara kowa ya ɓace. Can sai ga su cikin kayan Sallah. Sada ɗan dako ya aro rawani, ya tsaya kusa da sikeli kamar an dasa shi. Ladidi mai fura ta jera 'ya'yanta, ta dafe ƙirji. Duk inda kyamara ta juya, wurin ya mutu.

Bajamushe ya ce aiki ya zo ɗauka, in babu, gobe ya wuce Gusau.

"Malam Sada, don Allah ɗauki buhu!" in ji Ganiyu.

"Da rawanin mutane?" Sada ya amsa ta gefen baki, kansa bai juya ba. "Ba kai ka ce mai motsi fatalwa yake fitowa ba?"

Ganiyu ya yi gumi. Sai ya haye kan buhu ya yi shela: "Jama'a, inji ya lalace! Sai an kawo wani daga Kaduna!"

Aka yi ta tsaki. Riguna suka sauka, Sada ya tuɓe daga shi sai gajeren wando, ya saɓi buhu yana zagin kayan Turawa. Ladidi ta bi wani mai jaki da ludayi don ya zubar mata da nono. Bajamushe ya tsuguna kamar mai gyara, ido a manne, kafaɗunsa na rawa don dariya, kyamara kuwa tana ta ɗauka.

Da yamma direban Bajamushe ya tona asiri. Ladidi ta iso shagon Ganiyu da ludayin nan.

"Ɗan Yarbawa, haka Jamus za ta gan ni, ba ko ɗankwali?"

"Uwar ɗakina, ai kin fi kowa kyau a guje!"

Ta taga Ganiyu ya fita.

Bajamushe bai tafi Gusau ba, ya zauna har aka gama kaka, ya ɗauki Bakori da Malumfashi. Ba wanda ya taɓa ganin fim ɗin a Funtua, har Ganiyu. Amma har ya tsufa, in an tambaye shi aikinsa, cewa yake: "Ni na kai Sada Jamus da gajeren wando."