'Yar Tsanar da Ke Bin Ɗaki-Ɗaki

A Clichy-sous-Bois ba mu da murhu. Ƙarfen ɗumama ɗaki muke zagayewa bayan magariba, Kaka ta jingina da shi, mu jikokinta uku a gabanta. Daga Damagaram aka kawo ta, Faransancinta bai kai kalma goma ba, mu kuwa Hausarmu ta gaisuwa ce da neman abinci. Ita kaɗai take wuni a hawa na bakwai. In mun dawo daga lekol, wato makaranta, sai mu yi ta surutunmu ta saman kanta.

Maƙwabciyarmu wata tsohuwa ce 'yar Tamil, ita ma haka take wuni. Sai suka ƙulla ƙawance, suna kallon fina-finan Tamil da rana, ba mai jin bakin wata. Wata Laraba na bi Kaka, na dace da fim ɗin 'yar tsana. An kulle ta a kabad, ta fito. An jefa ta rijiya, da safe ga ta kan gado, jiƙe sharkaf. Na dawo, na cusa tawa 'yar tsanar a kwandon shara.

Da yamma Kaka ta ciro ta, ta goge, ta ɗora a cinya.

"Ga ta nan. Tatsuniyar yau daga tele na ɗauko muku."

Tunda ba ta jin Tamil, yadda idonta ya gane ta ba mu. Wai 'yar tsana ce da yarinya ta goya shekara da shekaru, tana ba ta tuwon ƙasa. Yarinya ta girma, aka tashi zuwa sabon gida, aka danne ta a kwali cikin tsummoki. Sai ta fito tana bin ɗaki-ɗaki, kowa ya gan ta sai ihu.

Na ce, "Amma Kaka, ta kashe mutane!"

"Ke dai! Kin ga wuƙa a hannunta? Gudu suka yi suka faɗa matakala. Wa ya hana su tsayawa su tambaye ta mi take so?"

"To mi take so?"

"Hira," in ji ta, ta ja zane ta rufe ƙafa.

Na kwanta lafiya, na ɗauka tsoro kawai aka cire mini. Sai da karatu ya kai ni Villeurbanne, na yi kwana huɗu a ɗakina ba wanda na yi wa magana sai mai burodi, sannan na gane wadda ke bin ɗaki-ɗaki a gidanmu. Kunya ta kama ni, ba kaɗan ba.

Ban tsaya juyayi ba, na buga wa Kaka waya.

"Lafiya? Wa ya rasu?"

"Ba kowa, Kaka. Hira na zo."

Sai na ji tana gyara murya.

"Kin daɗe a hanya. To, gyara zama."